Idan jirgi ya daina sauka: yadda ake mayar da tsohon filin jirgin sama wurin jama'a

Ranar 30 ga Oktoba 2008 aka rufe filin jirgin sama na Tempelhof da ke cikin birnin Balin a ƙasar Jamus. Ranar 8 ga Mayu 2010 aka buɗe shi ga kowa da kowa, ba a karɓar ko sisi a bakin ƙofa. A tsakanin nan ba a gina wani abin a zo a gani ba. An bar titunan jirgi guda biyu yadda suke, kowanne tsawonsa wajen kilomita 2, an bar ciyawar da ke tsakaninsu da shingen da ya kewaye wurin, aka ƙara ƙofofi da banɗakuna da alluna. Filin ya haura hekta 300, kuma yau masu keke da masu gudu da masu lambu da iyalai masu gashin nama ne suka gaji jirage a cikinsa.

Mu a Katsina filin jirginmu na Umaru Musa 'Yar'adua yana aiki, ba kuma wanda ke maganar rufe shi. Amma duk wanda ya ga yadda garin nan ya tsallake ganuwa ya miƙa ta hanyar Kano da ta Dutsin-ma da ta Jibiya da ta Daura ya san abin da ke bayan gari yau, gobe a tsakiyar unguwa zai tsinci kansa. Haka ta faru a Kito, babban birnin Ikwado, inda gidaje suka haɗiye filin jirgi har aka tashe shi a Fabrairun 2013. Hukuncin ma ɗaya ne ga tsohuwar tasha, ko tsohon bariki, ko harabar wata ma'aikata da ta ƙaura. Darajar irin wannan wuri tana cikin faɗinsa da zamansa a dunƙule, kuma ranar da aka fara yanka shi fuloti-fuloti ya tafi ke nan, ba ya sake haɗuwa. Shi ya sa abin da aka fara yi da abin da aka bari sai ƙarshe ya fi yawan kuɗin da aka ware muhimmanci.

Aikin farko na takarda ne. Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta danƙa filayen birni a hannun gwamna, amma ta keɓe waɗanda ke hannun gwamnatin tarayya da hukumominta, filayen jirgi kuwa da yawa a wannan rukunin suke. Kafin a dasa ko bishiya ɗaya, sai an san a rubuce wa ke da filin, wa ya miƙa wa wa, kuma a kan wane sharaɗi. Sannan safiyo ya kewaye shi ya kafa duwatsun iyaka na kankare a kowace kusurwa da kuma duk mita 100 a miƙaƙƙen gefe, a ɗauki lambobin kowane dutse da na'urar tauraron ɗan'adam, a buga taswirar a gazet, a kuma liƙa kwafinta a ofishin hakimi da gidajen masu unguwannin da ke maƙwabtaka. Dutse ana iya tumɓuke shi cikin dare, amma lambar da ke hannun mutum ɗari ba ta matsawa.

Akwai wata rigima da ke kwance a ƙarƙashin kusan kowane fili irin wannan a ƙasarmu. Gonakin mutane ne aka karɓa da sunan aikin jama'a. Da zarar jirgi ya daina sauka, jikokin masu gonakin za su zo su ce aikin da aka karɓa dominsa ya ƙare, wasu kuma za su ce kakanninsu ba su ga diyya ba. A nemo tsofaffin takardun biyan diyya tun da wuri, a zauna da su a gaban masarauta, a biya wanda ke bin haƙƙi. Filin da aka bar wa jama'a baki ɗaya yana da hujjar da za a kare shi da ita a wannan zaman. Wanda aka raba wa masu hali ba shi da ita.

Mutanen Balin ba su tsaya ga alƙawarin gwamnati ba. Gwamnatin birnin ta shirya gina dubban gidaje da babban ɗakin karatu a gefunan filin, sai mazauna gari suka tara sa hannu suka tilasta ƙuri'ar raba gardama. Ranar 25 ga Mayu 2014 wajen kashi 64 cikin 100 na masu jefa ƙuri'a suka amince da dokar da ta hana gini. Dokar ta raba wurin gida biyu: tsakiya, wajen kashi biyu cikin uku, wadda ba a taɓa ta, da zoben waje inda aka yarda da lambu da wasanni da abubuwan da za a iya ɗagewa. Mu ba mu da irin wannan ƙuri'a, amma muna da majalisar dokokin jiha, kuma doka mai ɗauke da taswira ta fi sanarwar da gwamnati mai zuwa za ta iya sokewa da wasiƙa ɗaya. Masu cewa gari na bukatar gidaje ba ƙarya suke yi ba, a Balin ɗin ma zancen gini a gefe ya sake tasowa saboda tsadar haya. Ra'ayina shi ne, in za a yanki wani ɓangare a yanke shi sau ɗaya, a bainar jama'a, daga gefen da ya riga ya haɗe da unguwa, sannan a kulle sauran da doka. Abin da ke cinye fili shi ne ɗan kaɗan yau, ɗan kaɗan baɗi, yadda ganuwa ta tafi.

Bayan takarda sai ƙasa. Filin jirgi a ido tsaf yake, amma akwai wurare huɗu ko biyar da ba a yarda da su sai an gwada. Na ɗaya ma'ajiyar mai, inda tankunan kananzirin jirgi ke binne ko a tsaye, da bututun da ke kai shi dandalin ajiye jirage. Man ƙananan jirage masu farfela yana ɗauke da dalma, wadda mutanen Zamfara suka ga abin da gubarta ke yi wa yara. Na biyu wurin atisayen 'yan kwana-kwana, domin kumfar kashe gobarar mai tana da sinadaran da ake kira PFAS, waɗanda ba sa ruɓewa, suna bin ruwa su gangara rijiyoyi. Sai garejin gyaran jirage da baƙin mai da ruwan wanke inji, sai gindin tsofaffin taransifoma, sai rufin asbestos a tsofaffin gine-gine, wanda ba a fasa shi a bushe don ƙurarsa na lalata huhu.

A buɗaɗɗen fili ya isa a ɗebi ƙasa duk mita 50 zuwa 100, daga sama zuwa zurfin santimita 30. A waɗancan wuraren kuwa sai a matse tazarar zuwa mita 10, a ɗiba a sama, a ɗiba a mita 1, a ci gaba har a kusa da ruwa, a kuma haƙa 'yan rijiyoyin gwaji a ɓangaren da ruwan ƙasa ke gangarawa. Tankin da aka daina amfani da shi a tsotse shi, a wanke, a fitar da tururin man kafin mai walda ya kusance shi, domin tanki marar mai ya fi cikakke saurin fashewa. Kuskuren da aka fi yi shi ne a haƙa rijiyar burtsatse ta shan ruwa kafin sakamakon gwaji ya fito, don kawai wurin yana kusa da wutar lantarki. A Tempelhof ba a yarda kowa ya yi haƙa ba, saboda gurɓatar ƙasa da kuma ragowar albarusan yaƙin duniya na biyu. Lambun jama'a da aka fara a can a 2011 cikin akwatunan katako yake, an cika su da ƙasar da aka kawo daga waje. Wannan dabara ta dace da mu a duk inda ake shakka: akwati ko buhu mai zurfin santimita 40, a shimfiɗa leda mai kauri a ƙarƙashi, ya isa alayyafo da latas da tumatir.

Ba sai an gama duk wannan za a buɗe ba. A killace wuraren da ake tuhuma, a buɗe sauran. Kito ta buɗe nata wurin a Afrilun 2013, wata biyu kacal bayan tashin jirage. Babban birnin Girka kuwa ya rufe filin Ellinikon a 2001, ya yi wasu wasannin Olamfik na 2004 a ciki, daga nan wurin ya yi shekaru yana lalacewa ana jiran babban shiri, sai a 2020 aka fara aiki gadan-gadan. Kango a garinmu ba zai jira haka ba. Cikin damina biyu an kwashe wayoyi da murafun kwalbati, an mayar da gefe juji, an fara yin bulo a lungu, ɓata-gari sun sami mafaka. Mutanen da ke zuwa kullum da yara da kekuna su ne masu gadin da ba a biya.

Shingen da aka gada a bar shi, a gyara inda ya ɓalle. Ƙofofi ne ake ƙarawa, ɗaya duk mita 400 zuwa 500 a ɓangaren da ke da gidaje. In aka yi ƙofa ɗaya tak ta alfarma a bakin babban titi, mutanen bayan fili za su huda shingen, kuma suna da gaskiya. Turakun ƙarfe masu tazarar mita 1 da 'yan kai suna tare mota, amma duk gurbin da keken guragu zai wuce babur ma zai wuce, don haka kowace ƙofa sai da mutum.

Titin jirgi kada a fasa shi. An yi shi ne ya ɗauki nauyin da ƙafa da keke ba za su taɓa kaiwa ba, kuma fasa shi aiki ne mai cin kuɗi. A Denver ta Amurka, bayan rufe filin Stapleton a 1995, sai da aka niƙa kankare da kwalta sama da tan miliyan 6, aikin ya ɗauki shekaru. Abin da ke kashe titin da aka daina hawa ruwa ne da saiwa. Kowace shekara a watan Afrilu ko Mayu, kafin ruwan farko, a bi tsagogi a cire ciyawa, a hure ƙura, a zuba narkakkiyar kwalta. Tsagar da ɗan yatsa ke shiga in aka bar ta damina ɗaya, ruwa ya shiga ya jiƙa burjin ƙasa, baɗi rami za a tarar. Zanen fenti da manyan lambobin da ke bakin titin a sabunta su yadda suke, su ne shaidar abin da wurin yake a da.

Inda za mu rabu da Balin shi ne rana. Su hasken rana suke nema, shi ya sa suka bar filin fetal kusan ba inuwa, suke kuma rufe ƙofa da faɗuwar rana. A Katsina daga Maris zuwa Mayu zafi kan haura digiri 40, kwaltar da ke shan rana kuwa tana iya wuce 60, ta ci gaba da fitar da zafi har bayan magariba. Lokacin amfanin wurin a nan daga asuba ne zuwa hantsi, sai kuma daga la'asar zuwa bayan isha'i. Ke nan fitila dole ce. Fitilu masu aiki da hasken rana a kan sanda mai tsawon mita 6 zuwa 8, tazarar mita 25 zuwa 30, a kan hanya guda da aka zaɓa da wajen banɗaki da ƙofofi, ba sai an haska hekta 300 ba. A sayi irin wadda batirinta ke sama haɗe da fitilar, a yi wa kusoshin walda. A lokacin hunturu a riƙa goge faifan duk mako biyu, in ba haka ba ƙura ta rufe shi, fitila ta mutu tun ƙarfe tara, a ce kayan ne marasa kyau.

Yanzu ga abin da na fi so mai karatu ya riƙe: titin jirgi babban rufi ne da ke tara ruwa. A ɗauki titi mai tsawon mita 2,000 da faɗin mita 45, wato murabba'in mita 90,000. In aka yi lissafi da ruwan sama milimita 600 a shekara, wanda bai yi nisa da abin da Katsina ke samu ba, lita miliyan 54 ke sauka a kansa. A cire abin da zafi ya shanye da wanda ya shige tsagogi, wajen lita miliyan 45 ke gangarowa gefe, wato abin da zai cika tankar ruwa mai lita 10,000 sau 4,500. Injiniyoyin da suka gina titin sun yi masa ɗan tudu a tsakiya don ruwa ya zube dama da hagu, suka kuma yi magudanai don ya bar filin da sauri. Aikinmu shi ne mu juya wannan manufa, mu riƙe ruwan.

Ana haƙa kwari marar zurfi a kowane gefe, ya bi tsawon titin, nesa da bakin kwalta da kamar mita 5 don kada danshi ya shiga ƙarƙashinta. Faɗinsa mita 4 zuwa 6, zurfinsa kada ya wuce rabin mita, gefunansa a kwance yadda yaro zai taka ya fita. Duk mita 30 zuwa 50 a tare shi da ɗan jerin duwatsu don ruwa ya tsaya ya nutse maimakon ya yi gudu ya ci ƙasa. A ƙarshensa a bar mafita zuwa tsohuwar magudana, saboda ranar da aka yi ruwa kamar da bakin ƙwarya a watan Agusta. Sharaɗin shi ne ruwan ya nutse cikin kwana biyu ko uku. Sauro na bukatar wajen mako guda kafin ƙwai ya zama mai cizo, in ruwa ya wuce haka a kwance an yi wa unguwa gonar zazzaɓi. Inda ya ƙi nutsewa, yawanci gefen titin ne da aka daddanne da burji lokacin gini, sai a fasa wannan ɓawon da diga ko haƙorin tarakta har a kai ga yashi. Babban kududdufi a buɗe ban ba da shawararsa ba ko kaɗan: rana da iskar hunturu za su shanye mafi yawansa, kuma mun san abin da kududdufai ke yi wa yara kowace damina. Abin da za a adana don rani a sa shi a tankin kankare na ƙasa mai murfi, da ramin tace yashi a bakinsa.

A bakin wannan kwarin ake dasa bishiya. Layi ɗaya a kowane gefe da tazarar mita 10 zai ci bishiya 400. Rami santimita 60 faɗi, 60 tsawo, 60 zurfi, a haƙa shi tun watan Mayu, a haɗa ƙasar sama kashi biyu da ruɓaɓɓen taki kashi ɗaya. Ɗanyen taki yana ƙona saiwa yana kuma kiran gara. A dasa a ƙarshen Yuni ko cikin Yuli, bayan ruwa ya zauna, don dashe ya sami wata biyu zuwa uku yana kafa saiwa. Dashen da aka yi a Satumba don bikin buɗewa yawanci ba ya ganin bazara. A yanke ledar a cire ta gaba ɗaya, kada a binne wuyan dashen, a yi masa gurbi mai siffar rabin wata yana fuskantar inda ruwa ke gangarowa, a rufe gindin da busasshiyar ciyawa amma kada ta taɓa jikin itacen.

Ranin farko shi ne jarrabawa. Kowane dashe yana son lita 20 sau biyu a mako, a ƙara zuwa sau uku in bazara ta tsananta. Bishiya 400 ke nan lita 16,000 a mako, wajen lita 550,000 daga Oktoba zuwa Mayu, abin da bai kai kashi biyu cikin ɗari na ruwan da titin ya zubar ba. A ba shi ruwa mai yawa jefi-jefi ya fi a yayyafa masa kullum, don saiwa ta bi danshi ƙasa. Sai kariya daga awaki: keji na waya ko na ƙaya mai tsawon mita 1 da rabi, har shekara biyu ko uku. A ajiye dashe kashi ɗaya cikin biyar a gefe don cike gurbin waɗanda za su mutu, kuma duk wanda aka ba kwangilar dashe a biya shi bisa bishiyar da ta rayu bayan shekara, kada a biya bisa ramin da ya haƙa.

Bedi shi ne mai saurin ba da inuwa da jure fari, amma kada a cika wurin da shi kaɗai, cuta ɗaya tana iya kwashe layi guda. A gauraya da maɗaci da tsamiya da kanya, waɗanda suke da jinkiri amma su ne jikoki za su zauna a ƙarƙashinsu. Gawo yana da amfani na musamman, ganyensa na fitowa da rani lokacin da ake neman inuwa, ya zube da damina. Aduwa da magarya da kurna suna rayuwa a wurin da ba za a iya kai ruwa ba. Ceɗiya da durumi inuwarsu ba ta da na biyu, sai dai saiwarsu tana ɗaga kankare tana shiga bututu, a nisanta su da titi da gini da aƙalla mita 15. Bishiyar turare tana shan ruwa da yawa, ba abin da ke tsiro a gindinta, a bar ta. A gefen arewa maso gabas, inda iskar hunturu ke shigowa, a yi shingen bishiyoyi layi uku zuwa biyar, gajeru a waje dogaye a ciki. Irin wannan shinge yana rage iska har nisan da ya kai tsawon bishiyoyinsa sau goma, kuma ya fi aiki in iska na ɗan ratsa shi. Katsinawa ba baƙin wannan ba ne, an yi shi a ƙauyukanmu a aikin dashen itatuwa da Tarayyar Turai ta tallafa.

Tsakiyar filin kuwa a bar ta buɗe. A Tempelhof ana hana shiga ciyawar tsakiya daga Afrilu har wajen ƙarshen Yuli saboda wata 'yar tsuntsuwa da ke sheƙa a ƙasa, kuma tun 2019 tumaki ke kiwo a wani sashe a madadin injin yanka. A nan ciyawa dukiya ce. A bar ta ta yi iri, a yanka a Oktoba a ɗaure a sayar wa masu kiwo, gamba kuma ta tafi wajen masu zana. In aka bar ta a tsaye har Disamba, guntun taba ɗaya ya isa ya cinye dashen shekara uku. A share layi mai faɗin mita 5 tsakanin ciyawa da bishiyoyi, titunan jirgin su kansu suna tare wuta. Sakin dabbobi sakaka kuwa a hana har bishiyoyi su fi ƙarfin baki.

Wajen rabon wuri ne ake samun saɓani. Sallar Idi za ta zauna daram a dandalin ajiye jirage, a yi lissafin murabba'in mita ɗaya ga kowane mai salla har da hanyoyin wucewa, wato hekta ɗaya mutum 10,000. Alƙibla daga Katsina tana wajen digiri 70 daga arewa zuwa gabas, kuma da wuya ta dace da yadda titin ya miƙe, don haka a ja layukan sahu da fenti bisa awo, kada a bi gefen kwalta. Garin Sarki Dikko da Sarki Usman Nagogo ba a raba shi da doki, amma doki ba ya sukuwa a kan kwalta, santsi zai kayar da shi ya kuma lalata masa ƙafa. A yi masa hanyar yashi daban mai faɗin mita 10 zuwa 12, da shinge tsakaninta da wurin yara. Masu koyon mota za su zo tun ranar farko, a yanke musu guntun titi guda mai ƙofarsa daban, ko a hana baki ɗaya. Filayen ƙwallo da da'irar dambe da kokawa ba sa bukatar komai sai share ƙasa da turaku.

Mata ba za su zo wurin da babu banɗaki mai ruwa da ƙofa mai sakata ba, kuma in mata ba su zo ba ƙananan yara ma ba za su zo ba. A yi musu nasu nesa da na maza, ƙofarsa tana kallon inda jama'a suke, da mace mai kula da shi. A keɓe wani lungu mai inuwa na iyali kusa da ƙofar unguwa. Ruwan alwala a bi da shi ta bututu zuwa gindin bishiyoyi. Masu sayar da shayi da tsire da fura dole ne a ba su wuri, amma da ƙa'ida guda: komai a kan taya ko a ɗauke shi da dare, a cikin gurbin da aka zana da fenti, da izinin da ake sabuntawa duk wata shida. Tebur ne ke zama rumfa, rumfa ta zama kwantena, kwantena ta zama shagon bulo, kuma ba a taɓa rushe na ƙarshen cikin sauƙi.

Gini na bari ƙarshe da gangan, domin shi ne ke haɗiye kuɗi. Na Tempelhof an gina shi daga 1936 zuwa 1941 a zamanin 'yan Nazi, tsawonsa wajen kilomita 1.2, kuma har yau ana fama da gyaransa sashe-sashe alhali filin ya daɗe yana amfanar mutane. An sauke 'yan gudun hijira a garejojinsa a 2015, ana kuma tseren motocin lantarki a dandalinsa. Tarihinsa ba a ɓoye ba, mai daɗi da marar daɗi: nan ne jiragen Amurka suka riƙa sauke abinci da gawayin kwal a 1948 da 1949 lokacin da Tarayyar Sobiyet ta toshe hanyoyin Balin ta Yamma, nan kuma aka tsare fursunoni aka sa mutane aikin tilas, duk an kafa alluna a wuraren. A namu, abin gaggawa shi ne rufi da magudanar rufi, a toshe yoyo, a sa ƙofofi, a duba tsatsa a mahaɗar ƙarafan gareji, musamman inda kashin tantabaru da jemage ya taru. Garejin jirgi in aka buɗe bakinsa biyu iska na ratsawa, ya isa musabaƙa ko baje koli ko wasan cikin ɗaki, muddin an ƙara ƙofofin fita a gefe. Hasumiyar kula da jirage da ɗakin matafiya a bar su da kayansu, a tattara hotuna da muryoyin tsofaffin ma'aikata da alhazan da suka tashi daga wurin tun suna raye.

Shiga ta zama kyauta. Kuɗin ƙofa, ko naira hamsin ne, talaka mai 'ya'ya shida yake korewa. Albashin masu gadi da masu shara da masu ban ruwa ya shiga kasafin shekara da layinsa na kansa, sauran ya fito daga hayar gareji da kuɗin ciyawa da na ajiye motoci da izinin 'yan kasuwa, a asusun da ake liƙa lissafinsa a bakin ƙofa duk wata uku. A Balin akwai kwamitin da zaɓaɓɓun mazauna gari ke zama tare da jami'an gwamnati suna duba abin da za a yi a filin. Namu ya ƙunshi wakilin masarauta, masu unguwannin da ke kewaye, mata, ƙungiyoyin ƙwallo da na mahaya, da malamin gona ko na gandun daji guda. Wannan kwamitin ne zai riƙe kalandar aiki: cike tsagogi da yashe kwari a Afrilu da Mayu, dashe a Yuli, yankan ciyawa da share layin wuta a Oktoba, sai zagayen duwatsun iyaka da taswira a hannu sau biyu a shekara, tare da masu unguwanni, a ƙirga su ɗaya bayan ɗaya.